Filashi ya tashi, amana ta tafi

Gyaran kwamfuta ne sana'ata, kuma akwai kuskuren da har yau yake ci mini rai. Wani dattijo, malamin makaranta, ya kawo mini filashinsa. Ya ce ya jima yana ɗaukar zafi idan ana kwafar manyan fayiloli, har ba ya taɓuwa, sai wata rana ya yanke ana tsakiyar aiki. Tun daga nan kwamfuta tana ganinsa, amma girmansa sifili take nunawa.

Na san cutar. Manyan guntaye biyu ne a cikin filashi. Akwai ma'ajiyar NAND mai riƙe bayanai, akwai kuma guntun sarrafawa, wanda ke aiki da manhajar ciki da wani jadawali na inda kowane yanki na fayil yake kwance. Idan zafi ko yankewar wuta ya katse shi yana cikin rubutu, jadawalin kan lalace, alhali bayanan suna nan daram.

Ɗoki ya ɗebe ni. Na buɗe manhajar ChipGenius, ta nuna guntun sarrafawar ƙirar Phison ne. Na nemo manhajar da masana'anta ke amfani da ita, na sake ɗora masa manhajar ciki. Nan take filashi ya farfaɗo, na juya wa dattijon allo ina murna.

Ya gyara tabarau, ya duba, ya ce, "Ɗana, ina sakamakon jarrabawar yaran?"

Jikina ya yi sanyi. Wannan manhaja goge ma'ajiyar take yi kakaf, ta gina sabon jadawali. Na san haka sarai, tambaya ce ban yi ba. Da na bar filashin yadda ya zo, da masu ceton bayanai sun iya cire guntun NAND su karanta shi kai tsaye da na'urarsu. Da hannuna na toshe wannan ƙofa.

Na ce, "Baba, laifina ne, ka yafe mini." Ya yafe, amma sai da ya koma kan takardun yara yana shigar da maki ɗaya bayan ɗaya.

Abokan sana'a, filashin da ke ƙona yatsa a zare shi, kada a yi ta cusa shi ana gwaji. Kafin ku taɓa manhajar ciki, ku tambayi mai kaya abin da ke ciki, da ko ya ajiye kwafi a wani wuri. Filashi ana sayen sabo a kasuwa. Abin da mutum ya tara a cikinsa shi ne amanar da ya damƙa mana, kuma shi za a fara ceta.