Ƙararrawar Skyros da tashen layinmu

Furojet ɗina a kan tashe ne, kuma malamin da ke duba ni ya riga ya dawo min da fim ɗin sau ɗaya. "Wannan ai wasan makaranta kika ɗauko," in ji shi. Na ji haushi sosai. Daren nan, wuta ta ɗauke a hostel, na kwanta ina lalube a YouTube da ragowar caji, sai na faɗa kan wani fim na Apokries, bikin makonni 3 da Girkawa ke yi kafin babban azumin Kiristocin Otodoks.

A tsibirin Skyros aka ɗauke shi. Maza sun rufe fuska da fatar ɗan akuya, sun yafa baƙar riga mai gashi, sun ɗaura ƙararrawar tumaki jingim a ƙugu. Sunan mai wannan shiga "geros", wato tsoho, ga "korela" cikin kayan mata tana rawa a gefensa. Mutanen garin kan ce asalin abin wani makiyayi ne da dusar ƙanƙara ta kashe wa garke, baƙin ciki ya sa ya yafa fatun, ya rataya ƙararrawar ya shigo gari, matarsa na biye.

Da farko dariya na yi, wallahi. Can sai hankalina ya koma kan mai kyamarar. Bai ɗora kiɗa ba, bai tsayar da kowa ba. Ya rakuɓe a wani siririn lungu, ya bar ƙarar ta fara isowa tun kafin a ga mutum, har ta cika kunne.

Ni kuwa me na yi a azumin da ya wuce? Na jera yaran layinmu, na haska musu fitila, na sa su maimaita sau uku. Wanda ya yi shigar tsoho har gemun audugarsa ya cire, wai don a gane shi.

Wani azumin ba zai zo ba kafin ranar kare furojet. Don haka na koma kan abin da na yar, na tarar da wani guntu na daƙiƙa 40: hoto na rawa, duhu ya yi yawa, ana jin gwangwanin yaran daga zaure da dariyar Umma tana neman canji. Shi zan kai wa malam ranar Litinin, gabana na faɗuwa.