Ramukan da tifa ke bari a gonakin arewacin Kano

Duk wanda ya bi hanyar Kano zuwa Dambatta bayan girbi zai lura babu wani fili da ke zaman banza. Gona na manne da gona, ƙauye na hango ƙauye, ga gawo da ɗorawa da kuka tsaitsaye a tsakiyar karan dawa. Wannan yanki ne masanin nan Michael Mortimore ya yi wa nazari tun shekarun 1960, yana bin diddigin yadda jama'a masu yawa haka ke noma gona ɗaya kowace damina ba tare da ta mutu ba.

Sirrin dai taki ne. Shekara da shekaru, jakuna na kai itace da amfanin gona birni, su dawo da mangala cike da toka da shara da kashin dabbobi. Ƙasar saman da ke ba da gero da gyaɗa a nan, kakanni ne suka gina ta, mangala bayan mangala.

Mu ɗalibai huɗu muka sauka daga mota a hutun da ya wuce, muka bi sawun tayar tifa cikin gonaki. Sawun ya kai mu bakin wani rami da ya fi tsayin mutum biyu zurfi. Matasa na loda yashi da shebur, ana kai shi gidajen bulo na birni. Gefen ramin ya fara zabtarewa, yana cin gonar maƙwabci wanda bai karɓi ko kwabo ba. Wani dattijo da muka durƙusa muka gaida ya nuna mana inda iyakarsa take a da. Yanzu tana cikin ramin. Da damina wurin kududdufi ne, iyaye ba sa samun natsuwa sai sun ga yaransu sun dawo gida.

To, wa ke da alhakin cike shi? Doka ba ta yi shiru ba. Sashe na 44 na Tsarin Mulkin 1999 ya mallaka wa Gwamnatin Tarayya duk ma'adinan ƙasar nan. Dokar Ma'adinai ta 2007 kuma ta wajabta wa mai lasisin haƙa ya gyara wurin da ya haƙe, ta kuma kafa asusun gyaran muhalli da masu lasisi za su riƙa zuba kuɗi a ciki, tare da kwamitin lura da ma'adinai da muhalli a kowace jiha. Ga kuma hukumar NESREA, wadda aka kafa a wannan shekarar.

Sai dai dokar mai takarda ta sani. Cinikin ƙauye kuwa yawanci na baka ne: manomi na cikin matsi, mai tifa ya miƙa kuɗi, shi ke nan. Yashi na ƙarewa a koma gaba. Idan aka zo neman wanda za a kama, babu suna, babu sa hannu.

Ba mu ce a daina gini ba, kuma waɗannan matasa abinci suke nema. Amma rigakafi ya fi magani. Kafin shebur ya taɓa gona, a rubuta yarjejeniya gaban dagaci da maƙwabtan iyaka: zurfin da za a tsaya, tazarar da za a bari, wurin da za a tara ƙasar sama don a mayar da ita, da kuɗin cikon da za a ajiye tun farko. A kuma tambayi mai haƙa lasisinsa.

'Yan'uwa ɗalibai, a gidaje da yawa mu ne masu karanta takarda. Wannan aikin namu ne, domin gonar da ake sayarwa tifa-tifa ita ce gadonmu.