Jos Da Furen Da Ba Shi Da Haƙuri

Matafiyin da ya taso daga Kano ko Zariya a tsakiyar bazara, ya biyo ta Pambeguwa da Saminaka, ba sai an gaya masa ya kusa Jos ba, jikinsa ne ke fara ba shi labari. Da mota ta wuce Jingir ta kama hawa, gumin da ya jiƙa masa riga tun safe sai ya bushe, iska mai sanyi ta riƙa shigowa ta taga, ga duwatsu birjik wani a kan wani kamar da hannu aka ɗora su. Garin yana zaune ne a kan tudu mai tsawon kimanin ƙafa 4,000, watau mita 1,200 da ɗoriya daga kan teku, alhali kuwa Kano ba ta kai mita 500 ba. Ruwan sama kan fara a watan Afrilu, ba ya ɗaukewa sai Oktoba, kuma yakan kai wajen inci 55 a shekara.

Kuza ce ta jawo Turawa nan tun farkon ƙarnin da ya wuce, har aka kawo jirgin ƙasa daga Zariya a 1914 don kwasar ta. Da suka tarar da iska irin ta ƙasarsu sai suka kewaye gidajensu na Rayfield da Bukuru da furanni, suka ɗauki 'yan ƙasa aikin gadina. Kasuwar kuza ta faɗi cikin shekarun 1980, amma ta bar abu biyu. Na farko kududdufan da aka haƙa, waɗanda masu noman rani ke ban ruwa da su suna cika kasuwar Farin Gada da kabeji da karas da latas. Na biyu kuwa sana'ar renon fure, wadda har gobe ake ci da ita a bakin titunan garin, inda ake jera tsire-tsire sahu-sahu cikin baƙar leda ana jiran mai saye.

Cikin waɗannan sahu akwai wani ɗan gajeren tsiro da ke yawan tsayar da baƙo. Tsawonsa bai cika wuce kamu biyu ba, kararsa mai taushi ce cike da ruwa, furensa kuwa ja ne ko fari ko ruwan hoda, yana rufe ganyen ruf. Masana suna kiransa impatiens, kalmar Latin ce mai nufin marar haƙuri. Dalili kuwa, idan kwanson irinsa ya nuna, da an taɓa shi sai ya fashe ya watsar da 'ya'yan nesa. Asalinsa daga dazuzzukan gabashin Afirka ne, tun daga Kenya har Mozambik, inda yake fitowa a gindin manyan itatuwa da bakin rafuka. Har an taɓa sa masa sunan Sarkin Zanzibar, kafin a tsayar da sunan wani Baturen mishan, Horace Waller. Wani Ba'amurke kuma, Claude Hope, shi ya gyara irinsa a ƙasar Kosta Rika cikin shekarun 1960 har ya cika lambunan duniya.

To, a nan ne ake samun saɓani tsakanin mai saye da mai sayarwa. Baƙo ya ga fure ya yi kyau, ya biya kuɗinsa, ya kai Kano ko Sakkwato ya dasa a tsakar gida inda kowa zai gani. Kafin mako ya zagayo ganye ya yi yaushi, gefensa ya ƙone, fure ya zube. Sai a ce mutumin Jos ya yi ha'inci. Ba ha'inci a ciki. Tsiron da ya gaji zaman inuwar daji, wanda ya fi jin daɗi in zafi bai wuce digiri 27 ba, an kai shi inda ma'auni ke haura 40 a watan Afrilu. Ganyensa sirara ne, rana na zuƙe ruwansu fiye da yadda saiwa za ta iya mayarwa, ko da kuwa ƙasar a jiƙe take. Mai gida kuma da ya ga haka sai ya ƙara kwarara ruwa, saiwar ta ruɓe, ya ƙarasa abin da rana ta fara.

Ko a Jos ɗin ma ba a sakar wa rana shi. Sanyin iskar tudu yana ruɗin mutum, domin ranar nan tana da kaifi ƙwarai in gari ya washe. Mai lura zai ga masu reno sun fitar da wardi fili, shi kuwa marar haƙuri sun tura shi gindin mangwaro ko ƙarƙashin rumfar ciyawa mai tace haske. Abin da yake so shi ne ranar safe, awa 2 zuwa 4, daga fitowarta zuwa hantsi, daga nan sai inuwa har faɗuwarta. Amma fa inuwar ba ta duhu ba. In an kai shi lungun da haske ba ya shiga, sai ya yi ta miƙa kara yana neman rana, ya yi tsawo ba fure.

Akwai wani abu da masu dasawa kan manta. A wannan yanki namu rana ba ta bin hanya ɗaya duk shekara. Da hunturu takan karkata kudu, sai inuwar katanga ta faɗa arewa. Daga tsakiyar Afrilu zuwa ƙarshen Agusta kuwa takan koma arewa, inuwar ta juya. Saboda haka wurin da ya yi wa tsiro daɗi a Disamba yana iya zama ajalinsa a Mayu. Gefen ɗaki na gabas ne kaɗai ba ya yaudara, don kullum yana samun ranar safe, da azahar kuma ɗakin ya kāre shi.

Jos ma tana da nata sharrin. Ƙanƙarar farkon damina kan yayyaga ganyen cikin minti kaɗan, iskar hunturu kan busar da shi, lemar marka kuma kan jawo wata farar fumfuna a bayan ganye, cutar da ta yi wa masu lambu a Ingila da Amurka mummunar ɓarna a 2011. Maganinta a ba tsire-tsiren tazara, a zuba ruwa a gindi da safe, kada a jiƙa ganye da yamma.

Wanda ya nace sai ya ga wannan fure a ƙasa mai zafi, yana da mafita. Akwai ɗan'uwansa na tsibirin Niyu Gini mai kaurin ganye, wanda ya fi jure haske, akwai kuma irin da kamfanin Sakata na Japan ya fitar a 2006 da sunan SunPatiens, mai iya yini a rana muddin ƙasarsa ba ta bushe ba. In kuwa na gargajiyan ne ya samu, to ya saye shi bayan ruwa ya zauna, cikin Yuli ko Agusta, ya bar shi a tukunya mai huji a ƙasa, yadda zai iya gusar da ita in inuwa ta gusa. Kafin bazara ta kama kuma ya yanki reshe biyu ko uku ya tsoma a kofin ruwa a bakin taga. Cikin mako biyu za su fitar da saiwa, ko da uwar ba ta kai damina ba.