Hatsin Gamana

A wani ƙauye kusa da Tsibiri, cikin ƙasar Maraɗi, wata mace mai bi ta yi yaji bayan kaka. Mijinta ya sayar da dami 12 na hatsin gamanarta, bai ko shawarce ta ba. Hatsin gandu na gida ne duka, amma abin da mace ta noma a gamana nata ne.

Bikon fari bai yi ba. Dattawan ikilisiya biyu suka je gidan ubanta, suka yi addu'a, suka ce ta yi haƙuri. Haƙuri kuwa ba shi da wuyar faɗi ga wanda ba a taɓa rumbunsa ba. Ta ce gara a je gaban mai gari a raba auren.

Sai mai bishara ya tuna musu da Matta sura 18, inda Ubangiji Yesu ya koyar a fara nuna wa mai laifi laifinsa a keɓe, kafin a kira shaidu. Su kuwa sun tsallake mai laifin, sun tafi wurin wadda aka cuta. Ya sami mijin a gona shi kaɗai. Shugabar zumuntar mata kuma ta yini tana sauraron matar, har ta gane da hatsin nan za a biya wa ɗiyarta kuɗin makaranta.

Da aka zauna, mijin ya durƙusa ya ce, "Baba, na yi laifi."

Surukinsa ya ce, "Ba ni ka yi wa ba, ɗana."

Ya juya wajen matarsa. Aka ƙidaya damman, aka sa ranar biya. Ran Asabar ta koma ɗakinta. Har damina ta faɗi, da sauran dami 5 bai biya ba.