Kaso Uku da Kaso Biyar

Rabi 'yar yayata ce. Tana ajin ƙarshe na JHS a Maamobi, saura wata huɗu ta zauna jarrabawar BECE, babanta kuwa ya riga ya yanke magana: in sakamako bai kai ta babbar sakandare ba, wajen koyon ɗinki za ta. Ba mugunta ba ce, yara biyar gare shi.

Wata Asabar na dawo daga gidan rediyo na tarar da ita a gidanmu a Nima, ta tasa littafi gaba kamar mai zaman makoki. An ce ta raba sidi 240 tsakanin Kofi da Ama bisa "ratio" 3:5.

"Kawu, kai da ka yi difloma, duba mini."

Ni kuwa gudun lissafi ne ya kai ni aikin jarida. Ina ta kame-kame, sai Mma, da ke gefe tana tsince waken waakye na gobe, ta ce a faɗa mata da Hausa. Na ce ɗaya zai ɗauki kaso uku, ɗaya kaso biyar. Ko kai ba ta ɗaga ba.

"Kaso takwas ke nan. Rabi, kasa kuɗin gida takwas, nawa-nawa?"

"Talatin-talatin, Kaka."

"To mai uku ya ɗauki casa'in, mai biyar ɗari da hamsin. Wannan ne ya hana ki cin abinci?"

Mma ba ta taɓa shiga ajin boko ba. Tun 2007 da aka sauya kuɗi, tsohuwar sidi dubu goma ta koma sabuwa ɗaya, har yau da tsohon lissafi take ƙirga cinikinta: ɗari ta ce miliyan, ta juya shi a ka kafin mai saye ya buɗe jaka. In ta ƙara olonka biyu na shinkafa, ta san waken da za ta ƙara. Rabi a gindin wannan tukunya ta tashi, ita ke ba da canji da safe. Lissafin na kanta, Turancin ne ya tare ƙofa.

Nan na gane ina da abin yi, don mayar da Turanci Hausa shi ne aikina kullum kafin labarai. Muka ɗauko tambayoyin shekarun baya. Kowace sai mun mayar da ita zancen kasuwa kafin ta taɓa biro. 3x + 4 = 49 ya zama kwano uku na waakye da ruwan leda na sidi 4, an biya 49. Ta cire kuɗin ruwa, ta raba saura uku, ta ce sha biyar. Daga nan sai ta rubuta shi yadda WAEC ke so, don a zauren jarrabawa ba mai fassara mata.

Ba kullum ake dacewa ba. Wata rana na fassara cewa uba ya girmi ɗansa da shekara biyu, alhali ninki biyu ake nufi. Rabi ta dube ni ta ce, "Kawu, wane irin uba ne wannan?" Mma ta yi dariya har da hawaye.

Ta zauna jarrabawar, sakamako bai fito ba tukuna. Babanta dai ya daina tambayar farashin keken ɗinki, aƙalla a gabana.