Kamu Ɗaya a Yakasai

Ruwan watan Agustan 1988, wanda ya fasa madatsar Bagauda, bai ƙyale cikin birni ba. A Yakasai gidajen ƙasa sun jiƙe har suka riƙa zubewa cikin dare. Katangarmu ta gabas, wadda ta raba mu da maƙwabci, ta kwanta da asuba. Allah ya kiyaye, ba ta danne kowa ba.

Baba ba shi da halin tada ta. Maƙwabcin namu Alhaji kuwa ɗan kasuwa ne, ya ce a bar masa, zai yi ta bulo da siminti. Muka yi ta godiya. Sai da gini ya wuce kafaɗa Inna ta lura inda take jera randuna uku ya koma cin biyu. Aka kawo igiya aka auna: kamu ɗaya ya tafi, tun daga madafa har bakin soro. Ga sabon indararo kuma da aka juyo bakinsa tsakar gidanmu.

Baba ya so ya haɗiye. Kunya ce, kuma mutumin ya kashe kuɗinsa. Kawu, wanda ya sauke Risala yana cikin Tuhfa, shi ya hana shi. "Yaya, shirun nan shi zai cinye wurin," in ji shi. Ya yi masa bayanin hauzi: a mazhabar Malikiyya, in wanda ba danginka ba ya riƙe wurinka shekara 10 yana gini yana rushewa, kana gari, kana gani, ba abin da ya hana ka magana, to alƙali ba zai saurari ƙararka ba. Ni a ganina yawancin iyakokin da aka ci a birni ta wannan ƙofar aka ci su, da kara da kawaici.

Aka fara da zauren mai unguwa. Alhaji ya ce maginansa sun bi tsohon tushe, ya kuma tambayi Baba takardarsa. Wace takarda? Gidan gado ne tun kakan Baba. Dokar filaye ta 1978 ta ɗora ƙasa a hannun gwamna, amma takardar shaidar mallaka mutanen Nassarawa da Bompai suka fi saninta. Mu shaidarmu tsofaffin lungu ne.

Da sulhu ya ƙi, Baba ya kai ƙara gaban alƙali. Abu na farko da aka yi shi ne hana ci gaba da ginin. Na biyu, alƙali ya turo muhuti da wasu dattawan magina biyu su duba. Ranar har 'yan lungun baya sun hau soraye suna leƙe. Ɗaya daga cikin dattawan bai ko kalli bulon ba. Ya sa aka haƙa ta ɓangaren Alhaji, ana zurfin gwiwa sai ga gindin tsohuwar katanga, tubala jere, jar ƙasa da ramno a jikinsu. Ya bi layin da sandarsa har kusurwar ɗakin Inna, ya nuna inda tubalan suka sarƙe da na ɗakin, sannan ya ɗaga kai ya nuna gurbin azara. Littattafan fiƙihu ma haka suka yanke: katangar da ake jayayya a kanta, ta wanda ta ɗaure da gininsa ce.

"Allah ya gafarta Malam, ni ban sani ba," in ji Alhaji a zaman da ya biyo baya. Wataƙila gaskiyarsa ce.

Yau mai irin wannan matsala yana da ƙofofi da yawa: Hisbah tana sulhu, akwai kotunan Shari'a tun 2000, hukumar KNUPDA tana shafa jan fenti a ginin da ba izini, fili mai takardar gwamna kuwa Babbar Kotu ake kai shi.

Mu dai a wancan lokacin, alƙali ya tabbatar wa Baba haƙƙinsa, ya ba shi zaɓi: a rushe, ko su daidaita. Baba ya raba abin biyu. Aka rushe ta wajen madafa aka mayar da ita kan tsohon tushe da kuɗin Alhaji, ragowar ya sayar masa a farashin da maginan suka ƙiyasta. Indararon aka juya shi lungu. Aka rubuta yarjejeniya, mai unguwa da limamin masallacinmu suka sa hannu, kowane gida ya karɓi kwafi.