Isa: Gidan Da Muka Bari Da Wanda Muka Tarar

Duk wanda ya tashi a Isa, can gabashin Jihar Sakkwato tsakanin Sabon Birni da Shinkafi, da garin yake yawo a zuciyarsa. Mu uku 'yan ɗaki ɗaya muka koma a dogon hutu, shekaru bayan ƙaurar iyayenmu zuwa Sakkwato.

Zauren da muke tunawa kamar fada, taku kaɗan muka ƙure shi. Katangar da ta gagare mu hawa, yau iyakarta kafaɗa. Sai gardama ta kaure kan bishiyar da muke wasa a gindinta: Yaya ya ce darbejiya ce, ƙanwarmu ta rantse tsamiya ce. Gwaggo ta yi dariya ta ce, "Ɗiyana, bagaruwa ta, kuma bayan danga take."

Babu maƙaryaci a cikinmu. Yaro da tsawonsa yake auna komai, abin da ya manta kuma zuciya ta cike masa da labarin da ya ji.

Maganar ta wuce bishiya. 'Yan bindiga sun tashi ƙauyuka da dama a Isa da Sabon Birni, yara na girma nesa da gidajensu. Alkalawa, babban birnin Gobir da aka ci a 1808, kufai ne yau. Rubutu da bakin tsofaffi suka riƙe labarinsa.

Don haka ɗalibai, ku ɗauki biro da littafi. Ku tambayi tsofaffi biyu ko uku sunayen unguwanni, rijiyoyi da gonaki. Inda suka saɓa ma, ku rubuta duka.